Daga Ina Kakanka Ya Zo? Yadda Hausawa Suka Zauna a Nguru da Gashuwa da Dapchi a Zamanin Turawa



Kwanakin baya muna zaune a ƙofar masallaci bayan sallar la'asar, sai ga yaron maƙwabcina da takardar neman makaranta a hannu. Ya cike ko'ina, saura wuri ɗaya, inda aka ce ya rubuta asalinsa. Ya dubi mahaifinsa ya ce, "Baba, mu 'yan ina ne?" Uban ya yi shiru, can ya ce, "Mu dai daga yamma muka zo." Yaron ya ce, "Yamma ina?" Sai aka yi dariya, aka shiga wata hira. Ni kam dariyar ba ta zauna mini ba, domin a nan aka haifi yaron, a nan aka haifi ubansa, kabarin kakansa ma yana nan bayan gari, amma ga shi an rasa mai faɗa masa garin da aka baro da shekarar da aka baro shi.

Wannan ne ya sa na ɗauki alƙalami. Mafi yawan gidajenmu sun iso wannan yanki ne a cikin shekaru sittin ɗin da Turawan Ingila suka yi suna mulki, daga 1900 zuwa 1960. Wannan ba zamanin da ya yi nisa ba ne. Wanda ya san abubuwan da suka faru a shekarun nan, zai iya ɗora labarin gidansu a kansu, ya gane lokacin da kakansa ya zo da abin da ya taso shi.

Hanyar ta girmi Bature

Kada wani ya ɗauka Bature ne ya nuna wa Bahaushe hanyar gabas. Tun zamanin da, fatake suna tasowa daga Kano su bi ta Gumel da Machina su nufi Kukawa, da turkuɗi da saƙi da goro da kayan fata, su komo da kanwa da gishirin mangul daga ƙasar Mangawa. Ta wannan hanya ce Baturen Jamus ɗin nan Barth, wanda ake kira Abdulkarim, ya bi a 1851. Nguru kuwa tsohuwar mazaunin Galadiman Borno ce, mai tsaron iyakar yamma. Ga kuma almajirai da gardawa masu "tafiya gabas" neman Alƙur'ani, abin da har yau bai yanke ba. Barebari suna kiranmu Afuno, unguwarmu kuma Hausari, sunan da za ka tarar a Nguru da Gaidam da Maiduguri.

Sai dai yawancin waɗancan mutane masu wucewa ne. Su sauka wurin fatoma, su sayar, su saya, su juya kafin damina. Abin da ya sa zuwa ya koma zama, shi ne abin da ya faru bayan 1900.

Shekarun da ƙasa ta girgiza

A 1893 Rabeh ya ci Borno, ya rushe Kukawa, ya koma Dikwa. Ƙauyuka suka watse, kasuwanni suka mutu. Faransawa suka kashe shi a Kusuri ranar 22 ga Afrilu 1900, suka kashe ɗansa Fadlallah a Gujba a 1901. A 1902 sojojin Ingila suka shigo Borno, aka tabbatar da Shehu Abubakar Garbai, wanda daga baya ya koma Yerwa a 1907. A can yamma kuma Kano ta faɗi ranar 3 ga Fabrairu 1903, Sakkwato ranar 15 ga Maris, sannan aka kashe Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi a watan Yuli na wannan shekara. Haɗeja, maƙwabciyarmu, ta yi tsayin daka har 1906, lokacin da aka ci ta da yaƙi aka kashe Sarki Muhammadu.

Ka ga a cikin shekaru goma sha uku kacal an juya ƙasar nan kamar waina. Kowace faɗuwa ta tayar da mutane. Waɗansu sun bi Attahiru da niyyar hijira zuwa Makka, suka tsaya a hanya. Waɗansu dakarun sarakuna ne da aikinsu ya ƙare. Idan a gidanku ana cewa "kakanmu ya baro gida shekarar da Nasara suka shiga Kano," to ga shekararka nan, 1903. Idan kuma "bayan yaƙin Haɗeja" ake cewa, 1906 ke nan.

Akwai kuma maganar da ba a son yi, amma dole a yi ta. Turawa sun kafa doka cewa duk yaron da aka haifa daga 1 ga Afrilu 1901 ɗa ne, ko da iyayensa bayi ne, kuma suka hana kasuwar bayi, ko da yake ba a soke bautar gaba ɗaya a Arewa ba sai 1936. A tsakanin nan dubban mutane suka bar rinji da gidajen iyayen gijinsu, wasu da fansa, wasu ta hanyar murgu, wasu kuwa da ƙafarsu cikin dare. Ina mutum zai nufa? Inda ba a san shi ba, inda akwai fili da ruwa da kasuwa. Bakin kogin Yobe yana cikin irin waɗannan wurare. Mutumin da ya tsira da kansa, ya sari daji, ya kafa gida, ya bar zuriya masu karatu da sana'a, wallahi ba abin kunya ba ne a wurin jikokinsa.

Daga arewa ma an shigo. Faransawa sun kama Damagaram a 1899, kuma tsakanin 1906 da 1908 aka bi aka kafa alamun iyaka tsakanin ƙasar Ingilishi da ta Faransa, aka raba dangi biyu. Harajin Faransa da aikin tilas sun yi tsanani, ba a soke aikin tilas ɗin ba sai 1946. Saboda haka Damagarawa da mutanen Gure da Magarya suka riƙa tsallakowa. Sai kuma yunwar 1913 zuwa 1914, wadda Kanawa ke kira Kakalaba, ta kori talakawa daga ƙasar Kano da Katsina da Daura da Damagaram, kowa ya bi inda ya ji labarin hatsi.

Jirgi ya iso Nguru

Babban abin da ya cika yankin nan da Hausawa shi ne layin dogo. Jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, kuma daga 1912 cinikin gyaɗa ya buɗe. Turawa suka ga akwai gyaɗa da ƙaro da ƙiraga da shanu a gabas, amma jaki da raƙumi ba za su iya kwashe su ba. Sai aka ja layi daga Kano, ya bi ta Ringim da Malam Madori da Birniwa, tsawon mil 143, ya ƙare a Nguru a 1930.

Ƙarshen layi ai shi ne bakin kasuwa. Duk kayan da za su bar arewacin Borno da gabashin Nijar sai sun zo Nguru, duk kayan kanti da za su shiga, daga nan za a sauke. Kamfanonin da ke sayen gyaɗa a Kano, irin su UAC da John Holt, suka biyo layin, Kwarori ma suka biyo. To wa zai yi musu aiki? Wa zai shiga ƙauye da sikeli? Wa zai ɗinka buhu, ya yi dako, ya jera dala? Sai ga 'yan baranda da dillalai da 'yan kamasho daga Kano da Haɗeja da Gumel da Kazaure. Sai ga mahauta, domin Nguru ta yi suna wajen yanka da busar da nama ana lodinsa zuwa ƙasar Yarabawa. Sai ga majema da dukawa da teloli da masu tuwo-tuwo da wanzamai. Kowane ya samu wurin zama sai ya aika a kawo masa matarsa da ƙaninsa. Leburorin da suka yi aikin shimfiɗa layin ma da yawa ba su koma ba. Ban da su ga ma'aikatan reluwe da akawuna daga kudu, waɗanda su ma suka yi nasu zaman.

Kakata ta wajen uba, Allah ya jiƙanta, ba ta san shekarunta ba, amma kullum takan ce an kawo ta Nguru tana goye, "shekara biyu da zuwan jirgi." Da wannan magana ɗaya na gane an haife ta wajen 1931, na kuma gane mahaifinta yana cikin mahautan farko da suka biyo layin daga ƙasar Haɗeja. Da ban tambaya ba, da ta tafi da shi.

Daga Nguru zuwa Gashuwa, daga Gashuwa zuwa nan

Gashuwa ta samu nata rabon ta hanya biyu. Tana bakin kogi, ƙasa da inda ruwan Haɗeja da na Jama'are suke haɗuwa, ga kifi ga fadama. Sannan motocin da ke ɗauko kaya daga tashar Nguru zuwa gabas ta nan suke bi. A 1946 aka dawo da fadar Mai Bade daga Gogaram zuwa Gashuwa, sai ofisoshin En'e da kotu da kasuwa suka biyo baya. Hausawa suka yi yawa har aka yi musu nasu shugaba, shi ya sa har yau akwai mazaɓar da ake kira Sarkin Hausawa a garin, ga kuma unguwannin Zango. Masunta da masu bandar kifi da manoman rani da malaman tsangaya duk sun samu wuri a hannun Badawa.

Mu na Dapchi, in ka bi gida-gida a unguwar nan, za ka ji yawancinmu zango na biyu ko na uku ne. Kaka ya sauka a Nguru, uba ya yi Gashuwa, sannan aka gangaro nan ƙasar Bursari saboda kasuwa, ko gona, ko sayen ƙaro da dabbobi, ko kuma wani malami ya zo da almajiransa cin rani, Bulama ya ba shi fili, ya ga wuri ya yi masa. Da jirgi ya isa Maiduguri a 1964 ta hanyar Bauchi da Gombe, Nguru ta rage zama ƙofa ɗaya tilo, sai wasu 'yan kasuwa suka watsu cikin garuruwan da ke kan hanyar mota. Farin 1973 ya ƙaro wasu. Da aka ƙirƙiro Jihar Yobe ranar 27 ga Agusta 1991, hanyar Damaturu zuwa Gashuwa, wadda ta ratsa ta garin nan, ta ƙara rayuwa, aka sake samun sababbin baƙi.

A nan ya kamata mu faɗi gaskiya: ba daji kakanninmu suka tarar babu mai shi ba. Barebari da Mangawa da Badawa da Fulani suka tarar, su ne suka ba su masauki da gona, da yawa har da 'ya'yansu mata. Duba cikin gidanku da kyau, da wuya ka rasa kaka Babarbariya ko Babadiya. Kuma abin ya taɓa tafiya ta ɗaya ɓangaren. Kambarin Barebari, waɗanda suka shahara a fataucin goro zuwa Gwanja, asalinsu Borno ne, suka zauna a ƙasar Hausa har suka zama Hausawa. A Kano da Katsina da Zariya akwai gidaje masu yawa da za su ce maka su Barebari ne, alhali ko "wushe" ba su iya ba. Yadda aka karɓe su can, haka aka karɓe mu nan.

Bature ya tafi, mu muka zauna

Wani abin lura shi ne, su Turawan da suka jawo duk wannan motsi ba su zauna ba. A Kenya da Rodeshiya sun ƙwace gonaki sun kafa iyali. A Arewacin Nijeriya kuwa dokar ƙasa ta 1910 ta sa filaye a hannun Gwamna a matsayin amanar 'yan ƙasa, ba a buɗe wa Turawa manoma ƙofa ba. Di'o ko Razdan yakan yi shekara ɗaya ko ɗaya da rabi, ya tafi hutu Ingila, a dawo da shi ko a canja masa wuri. Bayan an samu mulkin kai a 1960, sannu a hankali suka tattara suka tafi. Ba ka jin zuriyar wani Di'o a Nguru ko Gashuwa.

Amma ku dubi yadda suke yi da tarihin nasu masu ƙaura. Tun 1538 aka umarci kowane coci a Ingila ya riƙa rubuta wanda aka yi wa wankan shiga addini da wanda ya yi aure da wanda aka binne. A 1620 wani jirgin ruwa mai suna Mayflower ya kai mutum 102 daga Ingila zuwa gaɓar Amurka. Talakawa ne, kusan rabinsu suka mutu a hunturun farko. Bayan shekara talatin, Gwamnansu William Bradford ya rubuta sunayensu gida-gida, ya kuma rubuta wanda ya mutu da wanda ya hayayyafa. Yau shekara ɗari huɗu ke nan, mutum a Amurka yana iya bin sunaye ɗaya bayan ɗaya har ya kai ga kakansa da ke cikin jirgin nan. Ba don kakan ya fi namu daraja ba, don dai wani ya zauna ya rubuta.

Mu fa? Turawan mulki sun yi rubutu a kanmu, amma lissafi ya dame su. Rahotannin kimanta haraji da Di'o-Di'o suka rubuta suna faɗin yawan maza baligai a gunduma, da yawan shanun jangali, da sana'o'i, da ƙabilu. An yi ƙidaya a 1931 da 1952. Waɗannan takardu suna nan a Gidan Adana Takardun Tarihi na Ƙasa da ke Kaduna, ga kuma Arewa House, kuma ɗalibanmu da ke jami'a ya kamata su leƙa. Za su samu sunan Ajiya da Lawani da Bulama, za su samu adadin Hausawan gari. Sunan mahaucin da ya sauko daga jirgi da wuƙarsa a cikin buhu kuwa, wannan sai a bakin tsofaffinmu.

Yadda za ka bi sawun gidanku

Abin ba ya buƙatar digiri. Littafin rubutu da wayar da ke hannunka sun isa. Ka sami mafi tsufa a gidanku, ka je da goronka, ka zauna ba cikin gaggawa ba. Kada ka tsaya kan maza kawai. Iyaye mata su ne rumbun wannan ilimi, su suka san wa ya auri wa, wa ya sha nonon wa, wace ce aka saki ta tafi da ciki.

Kada ka ce wa tsoho "a wace shekara?" Ka ce masa "wa ke sarauta?" ko "me ake ciki?" In ya ce zamanin Shehu Garbai, kafin 1922 ke nan. Shehu Sanda Kura ya rasu a 1937, Shehu Sanda Kyarimi ya yi daga 1937 zuwa 1967. In daga Kano aka taso, Sarki Abbas ya yi daga 1903 zuwa 1919, Usman zuwa 1926, Abdullahi Bayero, wato Sarki Alhaji, zuwa 1953, Sanusi zuwa 1963. Yaƙin Hitila da aka kwashi samari zuwa Bama, 1939 zuwa 1945. Zuwan Sarauniya, 1956. Rasuwar Sardauna, Janairun 1966. Canjin hannu a titi, 1972. Canjin kuɗi daga fam da sule zuwa naira da kwabo, 1973. Da waɗannan turaku za ka ɗaure kusan kowane labari.

Sannan ka lura da alamomin da ke gabanka kullum. Laƙabi irin su Na-Kano, Ɗan Haɗeja, Bakatsine, Badamagare, ai taswira ce. Tsagar fuskar kakanni tana faɗin gari ko zuriya, kuma tunda an daina yi, in ba a zana ta a takarda ba za ta ɓace da masu ita. Sana'ar gado da kirarin gida su ma shaida ne. A bincika tsohuwar adaka da gafaka: rasiɗin haraji, takardar cinikin gida da ajami, takardar sallamar soja, wasiƙun 'yan uwan da suka tafi Makka a ƙasa suka zauna a Sudan. Malamai da yawa sukan rubuta ranar haihuwar 'ya'yansu a bangon littafi ko gefen takarda. A ɗauki hoton kowace, a ajiye a wuri fiye da ɗaya. Mu da muka ga abin da rikicin shekarun nan ya yi, muka ga ranar 19 ga Fabrairu 2018 da idonmu, mun san yadda mutum ke fita daga gida ba tare da ya ɗauki ko allura ba.

Gargaɗi ɗaya: ka rubuta abin da aka faɗa maka, ka rubuta wanda ya faɗa. Kowa yana so a ce kakansa ɗan sarki ne da ya rasa sarauta ya yi fushi ya taho, ko babban malami. Wasu haka ne, amma ba duka ba. In kakanka ɗan dako ne, rubuta ɗan dako. In baki biyu suka saɓa, rubuta duka biyun, na baya su auna. Salsalar da aka yi wa kwalliya ba ta da amfani ranar rabon gado, ba ta hana a aurar da waɗanda suka sha nono ɗaya, kuma ba ta kai ka ƙofar danginka na Ringim ko Matamaye in ka tashi sada zumunci.

Wani zai ce, tono asali ba zai sa a ce mana baƙi ba? Ni a ganina akasin haka ne. Wanda ba shi da amsa shi ake yi wa gori. Yaron da zai iya cewa, "Kakan babana ya sauka a Nguru a 1932, ya yi Gashuwa, ya zo nan zamanin Bulama wane, ga gonar da aka ba shi, ga kabarinsa, kakata kuma Bamangiya ce," wannan ya san inda ya fito, ya kuma san haƙƙin garin da ya rene shi a kansa.

Ina roƙon dattawan unguwa da limamai da ƙungiyar matasa, a samu babban littafi guda a ajiye wurin mai unguwa, kowane gida a ba shi shafi biyu. Tsofaffin da suka ga jirgin farko sun kusa ƙarewa, 'ya'yansu ma yanzu su ne masu sanda. Duk wanda ya rubuta na gidansu, ya kawo wa wannan mujalla, in ya yarda a buga.

Allah ya jiƙan magabatanmu, ya saka wa waɗanda suka ba su masauki da alheri, ya zaunar da garinmu lafiya. Amin.